Takarda ta Huɗu

Harra ta Gabas, Madina
5 ga Jimada Sani, 1446

Yaya Sharfuddeen,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina fatan kana lafiya. Ya sanyin Istanbul, ya karatu? Mu nan lafiya lau. Ƙafar Ummi ta yi sauƙi tun da aka canza mata magani, har ta koma zuwa Harami ranar Juma'a. Kawu Sanusi yana gaishe ka. Shi zai ba jagoran 'yan Umaran Turkiyya wannan wasiƙa, suna komawa ranar Alhamis, don haka ina sauri.

Na san jiya ma mun yi waya. Amma ka yi mini alkawari kafin ka tafi cewa za mu riƙa rubutu da hannu, kuma ka san yadda wayar take: Ummi na zaune kusa, ni ina cewa lafiya lau, kai kana cewa alhamdu lillah, shi ke nan.

Yau na tashi da tunanin Talatar nan ta watan Muharram, ranar da komai ya canza mini. Muna gonar Ummi a Awali, kana bisa tsani kana miƙo mini dabino mai laushi ɗaya bayan ɗaya, ina tarawa a bakin hijabina. Na ce a raina, ai ko a littafi ban taɓa karanta abin da ya fi wannan ba. Ka san ni, tun ina Yakasai da aka ce jikan 'yar'uwar kakata, haifaffen Madina, shi ke nema na, na ɗauka labarin littafi ne ya biyo ni har gida. Sai wayarka ta yi ƙara. Ka sauko, ka karanta, ka ce an ba ka izinin shiga ɗakin ajiyar takardun Daular Usmaniyya. Na yi murna na ce to Sakkwato za mu, zan biya gida. Ka yi dariya har ka riƙe ciki, ka ce ta Turkawa kake nufi.

Daga Awali har ƙofar gida ba ka yi maganar komai ba sai wani Bagirke da ya mutu shekara ɗari da wani abu, Lambros Zarkadis, mai gonakin zaitun, wanda ya bar gonarsa da matarsa ya shiga yaƙin neman 'yancin ƙasarsa. Dabinon na hijabina har ya manne. Ko ɗaya ba ka ci ba. A ranar ce Mai Zaitun ya shigo gidanmu, kuma har yau bai fita ba.

Ba ƙorafi nake ba. Littattafan da na zo da su daga Kano na gama maimaita su, na fara zagaye na uku. Ka ba ni labarinsa tunda shi ke gabanka. Amma ka fara da matar. Kyakkyawa ce? Yana sonta?

Matarka,
Khaulat

Wannan takarda ta huɗu ce, daban take. Na ninke ta rubutun yana ciki don kunya, ko da ambulan ta buɗe a hannun wani. Yaya, ina da ciki, wata biyu. Likita ta tabbatar mini ranar Lahadi. Bakina ba zai iya faɗa a waya ba. Ban gaya wa kowa ba, ko Mama a Kano, ina so kai ka fara sani. Ka rubuto mini abin da ka ji a ranka da ka karanta. Kada ka taƙaita.

*

Nafplio, ƙasar Girka
14 ga Rajab, 1446

Ya Khaula, ƙanwata,

Wa alaikis salam wa rahmatullah. Wasiƙarki ta same ni kwana biyu kafin in bar Istanbul, na karanta ta a tsaye a bakin arshif, ɗakin ajiyar takardun nan, wallahi na yi ta dariya kan maganar Sakkwato. Ina lafiya, sai ɗan tari. Ki gaishe da Ummi da Kawu. Ma'alesh, ki yi haƙuri da jinkiri, nan babu 'yan Umara, sai gidan waya.

Kin ce in fara da matar. Sunanta Maro, 'yar wani mai jiragen ruwa ce daga wani tsibiri. Babu hotonta. Amma yana sonta, Khaula, irin son da ban taɓa ganin ɗan siyasa ya rubuta ba. Wasiƙunsa arba'in da uku zuwa gare ta suna nan. An same su a cikin tulun man zaitun wanda babu mai, an toshe bakinsa da kaki. Dubi yadda mace ke adana abin da take ƙauna.

Shi kuwa mutum ne mai wuyar hukunci. Kafin yaƙi shi ne babban ƙauyensu, shi ke tara wa Turkawa haraji, yana zama da su, yana sa tufafi irin nasu. Rabin zaitun ɗin kwarin nasa ne. Da aka ta da tawaye sai ya buɗe rumbunansa ya ciyar da mayaƙa shekara guda cur. Wasu sun ce kishin ƙasa ne, wasu sun ce ya ga inda iska ta juya ne, ya ji tsoron manomansa su fara da shi. Aka zaɓe shi a majalisa. Ba a gama da Turkawa ba Girkawa suka juya wa juna, masu gonaki gefe guda, shugabannin mayaƙa da mutanen tsibirai gefe guda. 'Yan'uwansa da ya ciyar su suka kulle shi a kurkuku. Tambayar risalata ta digiri ke nan: wa yake wa yaƙi, ƙasarsa ko gonarsa?

Da ban haɗu da Ustaza Hibatullah ba da ban iya komai ba. Musulma ce daga arewacin Girka, ta san tsohon rubutun hannunsu kamar ita ta yi shi. Muna zama tun safe har a rufe, tana karantawa ina rubutawa. Tana da haƙuri ƙwarai. Da tarin ya matsa mini ita ta dafa mini miya da lemon tsami, ta hana ni shan ruwan sanyi. Ta ce in gaishe ki.

Ki ci gaba da rubuto mini, yana ɗebe mini kewa. Wane littafi kike kai yanzu?

Mijinki,
Sharfuddeen

*

Harra ta Gabas
9 ga Sha'aban, 1446

Yaya,

Sallama da fatan alheri. Allah ya ƙara sauƙin tarin, ko da yake na ji kana da mai jinya. Ummi lafiya. Ni ma ina nan, yadda ka sani.

Na karanta wasiƙarka sau shida. Na duba cikin ambulan, na girgiza ta, na ɗaga ta a hasken taga ko akwai wata ƙaramar takarda da ta maƙale. Babu. Na ƙirga: Mai Zaitun ya sami layi ashirin, Maro ta sami shida, Ustaza ta sami bakwai, har da miya. Ni na sami tambaya ɗaya, wane littafi nake kai.

Kan maganar da na gaya maka ba ka ce komai ba. A waya ma shiru. Na ce wataƙila kunya ce, ɗan Ummi ne kai. Na ce wataƙila kana shirya wata doguwar wasiƙa ta daban. Wata rana kuma na ce wataƙila bai zo maka a lokacin da kake so ba. Wannan tunanin na uku shi ke hana ni cin abinci.

Ummi ta gane da kanta. Shekaranjiya ina yanka albasa ta tsaya tana kallon bayana, sai ta ce, "Yaron nan me ya ce?" Ka san ba ta kama sunanka, ɗan fari. Na ce, "Yana murna, Ummi." Ta ce, "To madalla," ta karɓe wuƙar ta ce in je in zauna. Na yi mata ƙarya saboda kai. Kuma na san ita ba za ta taɓa ɗauko maka zancen ba, iyakarta Allah ya yi albarka ta miƙo mini wayar.

Ita Ustazar, shekarunta nawa? Tana da aure? A littattafan da kake mini dariya a kansu, duk macen da aka ce tana da haƙuri ƙwarai a babi na biyu, to a babi na tara an kai lefe. Ni ma na iya miya. Lemon tsami kuma akwai shi a Madina.

Ban taɓa zaton zan yi kishi da mutum uku lokaci ɗaya ba, biyu daga ciki kuma suna kabari.

Khaulat

*

Nafplio
3 ga Ramadan, 1446

Ya Khaula,

Assalamu alaiki. Ramadan Mubarak gare ki da Ummi da Kawu. Tari ya tafi, alhamdu lillah. Azumi nan ni kaɗai nake yi a unguwar, ina buɗe baki da burodi da zaitun ina tuna kununki.

Wasiƙarki ta ba ni dariya, ta kuma dame ni. Wace magana ce ban amsa ba? Na sake duba wasiƙarki ta farko, takarda uku, kin tambayi matar na ba ki labarinta. In maganar littattafanki da suka ƙare ce, khalas, na gaya wa Kawu ya nemo miki wasu wurin masu zuwa daga Kano. Maganar Ustaza kuwa ba zan ce komai ba. Za ta zo Umara cikin wannan watan, ita ce ma za ta kawo miki wannan. Ki je ki gan ta da idonki.

Kin ce ban ba ki layi da yawa ba. Gaskiyarki, ni ban iya irin maganar nan ba. Don haka na fassara miki wasiƙar Lambros ta goma sha tara, wadda ta fi kowacce daɗi, na sa ta a takarda daban. Daga kurkuku ya rubuta ta. Ki ɗauka ni na faɗa.

Akwai abu biyu da suke ɗaure mini kai a kansa. Na ɗaya, babu wasiƙar Maro ko guda. Ustaza ta ce a lokacin mayaƙa na naɗe albarushi a takarda ne, takarda ta yi ƙaranci har littattafan coci suka yayyaga. Lambros da kansa ya rubuta wa abokinsa yana alfahari cewa ya juye musu duk takardun akwatinsa. Kin ga sadaukarwa. Na biyu, a ƙarshen wasiƙar da na fassara miki ya ce a sumbaci masa ƙaramar 'yarsu, alhali rajistar cocin ƙauyen ta nuna yarinyar ta rasu wata goma kafin nan. Ina jin wasiƙar da ke ɗauke da labarin ta ɓace a hanya. Daga ta talatin kuma sai ya fara kukan ba ya jin ɗuriyarta. Hanyoyi sun lalace a shekarun.

Ƙarshensa babu daɗi. Ya dawo bayan shekara bakwai, ƙasa ta sami 'yanci, gonakinsa an ƙone su, Maro ta kwashe sauran yaran ta koma tsibirin mahaifinta. Tulun kawai ya tarar a gidan.

Ki sa ni a addu'a in kin shiga Rauda.

Naki,
Sharfuddeen

*

Harra ta Gabas
19 ga Ramadan, 1446

Yaya Sharfuddeen,

Assalamu alaikum. Muna lafiya, azumi na tafiya. Ni likita ta hana ni yi, zan rama. In ka karanta zuwa ƙarshe za ka san dalili. Wannan karon takarda biyu ce kawai, kuma na cika bayansu da zane don kada su yi maka kama da farar takarda.

Na je na ga Ustaza. Na sa lalle tun kwana biyu kafin ranar, na ɗauko abayar da na sa ranar da aka kawo ni, ko da yake yanzu da ƙyar take rufe ni. Kawu Sanusi ya dube ni ta madubin mota ya ce, "Khaulatu, wasiƙa za mu karɓo ko amarya za mu kai?" Na ce, "Kawu, ka ja mota." Ya ce, "To ranki ya daɗe, Allah ya ba mai rabo sa'a."

Muna zaune a falon otal bayan La'asar, ina kallon duk wata doguwa fara da ta fito. Sai ga wani dattijo mai furfura a gemu yana turo wata tsohuwa a keken marasa ƙafa. Ashe ɗanta ne. Ta miƙo hannu biyu ta ce da Larabcinta mai nauyi, "Ke ce Khaula. Kullum hotonki na kan teburinsa, ƙarƙashin kofin shayi." Ta jawo ni ta sumbaci goshina. Sai idonta ya sauka kan cikina. Ta ce, "Ma sha Allah! Wata nawa?" Na ce biyar da rabi. Ta ce, "Ja'irin yaro! Wata uku muna zaune tebur ɗaya bai taɓa gaya mini ba." Kawu ya juya yana karanta allon lokutan salla kamar bai taɓa ganinsa ba.

Za ka ce kishi ya ƙare. Bai ƙare ba. Tsohuwar nan ta san irin tarinka, ta san ka rame, ta san ka daina sa sukari. Ni ban sani ba.

Da na dawo gida na buɗe wasiƙar. Na fara da fassarar, tunda ka ce in ɗauka kai ka faɗa. "Maro, duk itacen da na gani ta tagar nan sai in ba shi sunan ɗaya daga itatuwanmu, in ce ga wanda take zama a ƙarƙashinsa." Na yi kuka, ba zan ɓoye ba. Na ce ashe Yaya ya iya, Hausarsa ce ai, hannunsa ne. Na juya takardar in ga ko akwai ci gaba.

Rubutuna ne a bayanta, Yaya. Takardata ta huɗu ce.

Na zauna a bakin gado har aka kira Magariba ban motsa ba. Na gane yadda aka yi. Ka ga sa hannuna a ta uku ka ce ta ƙare. Ta huɗun ta faɗa cikin takardunka a ninke, farin a waje. Ranar da kake neman inda za ka yi rubutu ka jawo ta, ka shimfiɗa, ka rubuta kalaman wani mutum zuwa ga wata mace a bayan labarin ɗanka. Na san halinka, ko takardar burodi ba ka bari. Ga ta nan na mayar maka. Ka juya ta.

Abubuwan da ke ɗaure maka kai kuwa, ni ban yi digiri ba, amma bari in gaya maka. Wasiƙar Maro ba ta ɓace a hanya ba. Ta iso. Yana cikin rigimar majalisa ya jefa ta akwati ya ce sai anjima, aka zo neman takarda ya juye musu. Labarin mutuwar 'yarsa aka naɗe albarushi da shi. Ita kuma tana can tana jiran kalma ɗaya ta ta'aziyya, sai ga wasiƙa mai daɗi ta iso ana cewa ta sumbaci yarinyar. Ba hanya ce ta lalace ba daga ta talatin, ita ce ta daina rubutu. Tulun kuma ba adana ba ne. Macen da ke ƙaunar wasiƙu da su take tafiya. Ta bar masa kayansa ne.

Likita ta ce haihuwa cikin Muharram ce in Allah ya kai mu. Mama ta sani yanzu, tana so in zo gida goyon ciki kamar yadda ake yi. Na ce mata sai na ji daga gare ka. Ba kalamai nake nema ba, na ƙoshi da su. Rana nake so. Ka rubuto mini ranar da za ka sauka a Madina.

Khaulat

*

Nafplio
8 ga Shawwal, 1446

Khaula, Khaula,

Assalamu alaiki. Na juya takardar. Wallahil azim na yi sujada a tsakiyar ɗaki, na tashi na rasa inda zan sa kaina don kunya. Na kira ki sau goma sha ɗaya ranar, Ummi ke ɗauka tana cewa kina hutawa. Na cancanci haka. Samihini, ki yafe mini. Wata huɗu kina ɗauke da wannan ke kaɗai ina miki zancen miya. Yaya jikin? Yana motsi? Kina cin abinci?

Ki saurare ni kan maganar Kano. Kada ki tafi. Kakata ta yi shekara biyu tana tafiya a ƙasa daga Kano don 'ya'yanta su buɗe ido a garin Manzon Allah. Ni can aka haife ni, Abbana ma haka. Ina so a yi wa ɗana huɗuba a Madina, a sa masa dabinon gonarmu a baki. Ummi na nan, asibiti na kusa.

Rana kuma, ki ba ni uzuri kaɗan. Abin da kika rubuta kan Maro, na karanta wa Ustaza a waya, ta ce shekara talatin tana wannan aiki ba ta hango haka ba. Na koma kan wasiƙun arba'in da uku ɗaya bayan ɗaya. Gaskiyarki ne. Babu inda ya taɓa amsa wani abu da ta faɗa, ko sau ɗaya. Khaula, wannan babi ne guda, ya juya risalar gaba ɗaya. Zan sa sunanki a godiya, da kuma a ƙasan shafin. Sai ga shi an gaya mini zuriyar mahaifin Maro na nan a tsibirin, suna da akwatin takardu da ba a taɓa buɗe wa kowa ba, sun yarda in gani bayan bikinsu na Ista, na Kiristoci. In akwai rubutun hannunta a duniya, to can yake. Dama ce da ba za ta dawo ba.

Wata biyu, in ya yi yawa uku. In sha Allah ina Madina kafin lokacin, ko a kansa. Ba zan iya ba ki rana yanzu in zo in saɓa ba. Ki yi haƙuri irin wanda kika saba.

Mijinki mai laifi,
Sharfuddeen

*

Harra ta Gabas
26 ga Shawwal, 1446

Yaya,

Wa alaikumus salam. Ina lafiya, yana motsi, ya fi yi in an kira salla. Ina cin abinci. Ummi lafiya. Na yafe maka maganar takarda, har zuciyata, kuskure ne.

Na nemi rana ɗaya, ka ba ni ƙasan shafi. Na karanta wurin da ka ce babu inda ya taɓa amsa abin da ta faɗa, na jira in ga ko layi na gaba zai tsaya maka a wuya. Sai na ga ka wuce zuwa akwati. Za ka haye teku ka nemo rubutun matar da ta mutu, don ka ji abin da take so ta faɗa. Ina taya ta murna. Ta jira shekara ɗari biyu ta sami mai karanta ta. Ni ba ni da wannan haƙurin, kuma likita ta ce bayan mako biyu ba za a bar ni in hau jirgi ba.

Na gaya wa Ummi gaskiya duka, har ƙaryar da na yi mata. Jiya ta sa Kawu ya kai mu Awali, ta shiga rumbu da kanta ta zaɓo dabinon ajwa na bara ta ƙulle a ƙyalle. Ta ce, "Wannan za a sa masa a baki. Dabino ba ya tambayar garin da aka ci shi." Sannan ta ce, "Uwarki ta fi ni ƙarfin ƙafa, ki je." Na ga tsanin yana jingine inda ka bar shi.

Kawu, da ka bar wa wakilci, ya gama mini takardu. Bizar fita da dawowa ce, na duba da idona. Gidanmu na Yakasai ka san shi, ka taɓa zuwa da kanka ba aike ba. Littattafaina na bar wa Sundus 'yar maƙwabta, na gaji da su. Wasiƙunka uku suna cikin jakar hannuna, da su zan tafi.

Ba zan sake rubutowa ba. Jirgina ranar Laraba ne daga Jidda. A Kano zan haihu.

Khaulat